Naɗin da Babu Tsinke

Alhamis, 3 ga Oktoba, shida na safe

'Yata Chizuru ce ta sayo littafin nan, wai in riƙa zuba abin da ke raina, tunda na daina magana tun abin da ya sami uwarta, Kinue. To, ga abin da ke raina.

Ni ne Narasaki Genzo, shekaruna sittin da takwas. Ina ɗan shekara goma sha biyar na bar makaranta, ba don kaina ba ya ja ba. Na yi shekara tara ina wanke kwanuka a birnin Nagoya, na dawo garinmu da jaka ɗaya da wuƙa ɗaya. Kantar shagon nan ni na fere ta da hannuna. Kujeru takwas da ke gabanta ni na harhaɗa su. Sau biyu dusar ƙanƙara ta karya mini rufi, sau biyu na hau na gyara. Na kai 'ya jami'a, ni da ko ƙofar jami'a ban taɓa gani ba. Ba uba, ba kawu, ba wanda ya miƙo mini hannu.

Sannan ga naɗin. Yau duk shagon da ka shiga a garin nan za a ajiye maka laimar kwaɗi, farar nan siririya, enoki, an naɗe ta cikin siririn naman alade mai gishiri an gasa. Amma a kan wannan kanta aka fara ajiye shi a garin nan, shekara talatin da ɗaya ke nan, a matsayin otoshi, ɗan abin taɓawan da ake ba duk wanda ya zauna tun bai nema ba. Ƙungiyar 'yan kasuwar layinmu za ta kafa allon katako a bakin layi, a sassaƙa sunan wanda ya fara shi. Shugabanmu, Motohashi mai agogo, ya kawo takardar. Layi ɗaya ne, na suna ɗaya, kuma yana son ta ranar 11 ga Nuwamba. Zan cike in na sami alƙalami mai kyau.

Yau zan buɗe. Kwana tara a rufe ya isa.

Alhamis, huɗu da rabi na yamma

Na hau bene ƙarfe uku na ɗan kishingiɗa, kamar kullum. Da na sauko, sai ga ɗan faranti a gaban kujerar ƙarshe, wadda ke jikin ƙofar kicin. Ban rataya labulen shago, alamar mun buɗe, ba tukuna, ƙofar ma a kulle take. A farantin akwai naman naɗi guda ɗaya, gasasshe, an warware shi an shimfiɗe. Laimar babu.

Kyanwar maƙwabta ce. Na wanke farantin.

Asabar, 5 ga Oktoba, tara na safe

Aikin ba wani aiki ba ne. Ka datse gindin laimar, ka raba ta dami-dami kaurin babban yatsa, ka raba naman biyu, ka naɗe. Ka sa a kasko ba mai, bakin naɗin yana ƙasa, kada ka taɓa sai ya kama. Ka juya, ka ɗiga ruwan waken soya da giyar shinkafa mai zaƙi, ka barbaɗa barkono. Shi ke nan. Ko a barci na san shi.

Sai dai nawa suna buɗewa a kasko. Jiya na soke kowanne da tsinken sakace, wasu ma biyu-biyu.

Motohashi ya ɗaga nasa yana juyawa a gaban mutane. "Gen, wannan naɗi ne ko bushiya?"

Na ce, "Ci ka yi mana shiru, mai agogon da bai san lokacin tashi ba."

"Shekara talatin ina cin abin nan, ban taɓa tsintar itace a haƙorina ba sai yau."

"Naman ne ya canja. Sun rage masa kitse."

"Af, naman ne?" in ji shi. Ya kalli kujerar ƙarshe, ya mayar da kai ga kofinsa. Mutum tara ne a shagon, biyu suna tsaye, amma ba wanda ya zauna a kanta. Ni dai ban hana kowa ba.

Talata, 8 ga Oktoba, huɗu na yamma

Farantin kuma. Kullum ne.

Juma'a, 11 ga Oktoba, huɗu da kwata

Kyanwa ba ta barin nama ta ci laima. Kyanwa ba ta ɗauko faranti daga kabad.

Litinin, 14 ga Oktoba, tsakar rana

Malamin haikalinmu ya zo karatun mako na uku da rasuwarta. Ya durƙusa a gaban hotonta da akwatin tokar gawarta da ke lulluɓe da farin ƙyalle, ya kunna turare, sai ya tsaya yana kallon abin da na ajiye mata kusa da shinkafa. Naɗi biyu ne, na safiyar yau.

Ya ce, "Maigida, ka yi haƙuri, wannan a ɗauke shi."

"Me ya yi? Abincin gidan nan ne."

"Har kwana arba'in da tara tana kan hanya, ba ta nan, ba ta can. Mai wannan tafiya ba a ajiye masa nama. Shinkafa, ruwa, ganye. Laimar ma ba laifi, in ka zare ta ita kaɗai."

Na ce, "Ai ita ce ta..." sai na ce, "Tana son sa."

Ya sunkuyar da kai ya fara karatunsa. Ni kuwa ban ji ko kalma ɗaya ba. In ka zare ta ita kaɗai, in ji shi.

Alhamis, 17 ga Oktoba, biyar saura

Yau ban wanke farantin nan da nan ba. Na ɗaga naman a haske na duba shi ciki da bai. Babu huda. Nawa duk da huda, na tsinke.

A ƙasan firiza akwai wani tire. Ranar 24 ga Satumba aka naɗa shi, ba a samu an gasa ba. Ni na sa shi a can da muka dawo daga asibiti, don ban son asarar abinci, ba don komai ba. Arba'in ne, na sani, don kullum arba'in ake yi, layi biyar, takwas-takwas.

Na ƙirga sau uku. Ashirin da biyar.

Juma'a, 18 ga Oktoba, huɗu

Ashirin da huɗu.

Lahadi, 20 ga Oktoba, shida na yamma

Chizuru ta zo da jirgin safe. Na nuna mata tiren, na ce wani ɗan iska ne ke da mabuɗin gidan nan, kuma ina zargin Motohashi. Ta ce in hau in kwanta, ita za ta zauna a ƙasa ta gani.

Da na sauko na tarar da ita a tsakar gida, idanunta jajaye.

"To, wa kika kama?"

"Baba, kai ne."

"Ke, kula da bakinki."

"Uku da rabi ka sauko. Na yi maka magana ba ka amsa ba. Ka buɗe firiza, ka ɗauki ɗaya, ka gasa, ka ajiye a gaban kujerar Mama, ka koma sama. Idonka a buɗe, Baba."

Na ce, "To, da kyau. Tsoho ya fara yawo a barci, a kai shi gidan tsofaffi a huta. Ni ne kuma na warware na cinye laimar, ko?"

Ta kau da kai. Na sake tambaya. Ta ce ita ba ta sani ba, ta kasa zama ne ta fito waje, a lokacin naɗin yana nan a naɗe, yana tururi.

"Da kika koma fa?"

"Ban koma ba. Ta taga na leƙa."

Sai ta hango takardar Motohashi a kan firiji. Ta ce, "Har yanzu ba ka cike ba?" Na ce alƙalami nake nema. Ta buɗe jaka ta ajiye mini nata a kan kanta, ta tafi tashar jirgi ba ta ci abinci ba. Halin uwarta sak, ba ta faɗa, sai ta ajiye maka abu ta tafi.

Talata, 22 ga Oktoba, biyar na yamma

In ni ne, ai da sauƙi. Na sayo kwaɗo na garƙame firizar, na sa mabuɗin a aljihu, na kulle gida, na tafi shagon Motohashi tun biyu da rabi na zauna. Agogo sun fi hamsin a bangonsa, duk suna kallona.

Ya ce, "Yau kuma barcin rana ya gudu? Shekara arba'in, in gari zai ƙone Gen ba ya fasa barcin ƙarfe uku."

"Mai aiki shi ke hutawa."

"Haka ne. Mu da ke wucewa ta tagar kicin ɗinku a wannan lokacin muna ganin mai aikin." Ya miƙo mini shayi. "Gen, aji ɗaya muka yi da Kinue. Ni ba zan ce maka ka rubuta kaza ba. Abin da ka rubuta shi za a sassaƙa, kuma katakon zai fi ni da kai daɗewa."

Na ce, "Shagon wa ne? Sunan wa ke jikin labule?"

"Naka."

"To."

Agogon suka buga uku da rabi, duk a tare. Na sa hannu a aljihu, mabuɗin yana nan. Na zauna har huɗu.

Farantin yana nan. Kwaɗon yana nan a rufe. Na ɗora tafin hannu a kan kaskon, da ɗuminsa.

Ashirin.

Juma'a, 25 ga Oktoba, bakwai na safe

Ban yi karatu mai zurfi ba, amma na iya lissafi. Jiya saura goma sha takwas. Ɗaya a rana. Na bi kalanda da yatsa, na ƙarshen ya faɗa ranar 11 ga Nuwamba. Ranar kwana arba'in da tara ke nan, ranar da za a kai tokar kabari. Ranar takardar Motohashi.

Otoshi ba a ba mai wucewa. Wanda ya zauna ake ba, wanda yake jiran a kawo masa abin da ya zo nema.

Lahadi, 27 ga Oktoba, huɗu

Goma sha biyar. Na cire kwaɗon, ba shi da amfani.

Talata, 29 ga Oktoba, goma na safe

Na ɗauki alƙalamin Chizuru na rubuta Narasaki, da kyau, da manyan baƙaƙe. Sunan gida dai ba gardama a kansa. Saura rabin layin. Sai mai kawo laima ya buga ƙofa, na tashi. Gobe.

Juma'a, 1 ga Nuwamba, tsakar rana

Bari in rubuta yadda aka yi, don kada wani ya zo ya ƙara gishiri.

A shekarar da aka fara naɗin ba kowa a shagon. Sai in kunna garwashi in kashe, ba wanda ya ɗaga labule. Surukina yana noman enoki a kwalabe, a wata rumfa mai sanyi bayan gari, abin da bai sayu ba sai ya aiko wa 'yarsa. Mun ci shi a miya, mun ci shi a shinkafa, har na tsani ganinsa. Wata rana na sauko daga bene na ji wani ƙamshi. Ragowar naman karin kumallon Chizuru ne, an naɗe laimar a ciki. Aka ajiye mini ɗaya a faranti, aka ce, "Uban Chizuru, ɗanɗana ka ji." Na ce ba laifi. Na ba da izini a ajiye wa baƙi. Ni na ba da izinin. Ni na sa a ƙara barkono. Bayan wata biyu mutane suna tsaye a waje cikin sanyi suna jiran kujera.

In baƙo ya yaba, nakan ce, "Ɗan abin da na ƙirƙiro ne." Ana jina daga kicin. Ba a taɓa cewa komai ba.

Wanda ya ba da izini ai shi ne mai abu. Ko ba haka ba?

Lahadi, 3 ga Nuwamba, huɗu da kwata

Ranar nan uwar Chizuru ba ta ce ya yi tsanani ba. Cewa ta yi, kaina na ɗan sara. Kowa kansa na sara.

Takwas.

Talata, 5 ga Nuwamba, takwas na safe

Jiya da rana na zauna da naman farantin ina kallon yadda ya lanƙwashe. Ashe ba miƙe ake naɗa shi ba, a karkace ne, kamar mai ɗaure rauni, sannan a cusa wutsiyar a ƙasa da ƙaramin yatsa. Shekara talatin da ɗaya ana yi a gidana.

Na gwada, ya buɗe. Na gwada, ya buɗe. A na tara sai na ji ƙaramin yatsana ya shige da kansa, kamar an danna mini shi. Sanyi ya kama yatsan har yanzu. Naɗin ya tsaya, ba tsinke.

Da yamma na ajiye wa Motohashi. Ya kai baki, ya tsaya, ya ajiye tsinkayen cin abincinsa a hankali.

"Gen, wa ya naɗa wannan?"

"Wa kake gani a nan?"

Bai yi mini ba'a ba. Ya tashi tsaye, ya ɗan rusuna wa kujerar ƙarshe, ya zauna ya cinye. Na fi son ba'ar.

Juma'a, 8 ga Nuwamba, huɗu saura

Ina kwance a sama, idona biyu. Uku da rabi na ji ƙarar. Irin ta ranar, kamar babbar tukunya ta faɗo daga kan kanta, sau ɗaya, sai shiru.

Yau na sauko da gudu, har na gurje gwiwa a matakala. Na kira sunanta. Ba tukunya, ba kowa. Farantin kawai, yana tururi.

Yau na sauko.

Uku.

Lahadi, 10 ga Nuwamba, shida na yamma

Saura ɗaya. Chizuru ta zo, tana sama tana goge baƙaƙen kayan da za mu sa gobe. Malamin ya sa ƙarfe huɗu.

Ranar da abin ya faru Talata ce. Uku saura kwata tana zaune a kujerarta, ta yi layi biyu. Ta dafe goshi ta ce, "Uban Chizuru, kaina na ɗan sara, ko in je asibitin bakin gada in dawo?" Asibitin tafiyar minti biyar ce. A ranar mutanen ƙungiya za su zo su ɗanɗana naɗin saboda maganar allon. Na ce, "Ki gama tukuna." Na hau sama.

Na ji ƙarar. Na ce a raina, matar nan da yar da tukwane. Na juya ɗaya gefen.

Ƙarfe huɗu na sauko. Tiren yana kan kanta, layi biyar cif, an rufe shi da leda, an goge wuƙa an mayar da ita wurinta. Ta gama.

Likita ya ce da an kawo ta da wuri. Bai ƙarasa ba, ni ma ban tambaya ba. Chizuru na ce mata ina sama ban ji komai ba.

Litinin, 11 ga Nuwamba, bakwai na yamma

Ƙarfe uku ban hau sama ba. Cikin baƙaƙen kayana na ɗaura ƙyallen aiki, na buɗe firiza, na ɗauko na ƙarshen da idona biyu. Na sa shi a kasko, bakin yana ƙasa, ban taɓa ba sai da ya kama. Da ya gasu na warware shi da hannuna, na zare laimar ita kaɗai na sa a ɗan faranti. Naman ni na ci, a tsaye. Na ja kujerar baya yadda mutum zai ji daɗin zama, na ajiye farantin da hannu biyu, kamar yadda ake yi wa babban baƙo.

Na ce, "Kinue, sannu da aiki."

Shekara arba'in da ɗaya da aure, bakina bai saba da maganar ba. Sai da na sake faɗa kafin ta fito daidai.

Aka buga ƙofa. Motohashi ne, shi ma cikin baƙi, zai raka mu maƙabarta. Ya ce, "Ban zo don takarda ba, Gen, sai gobe ma." Na ce yau aka ce, ni kuma ban taɓa saɓa rana ba. Na dafa ta a jikin ƙofar, na cike rabin layin a gabansa. Ya karanta, ya cire tabarau yana gogewa. Ya ce, "Rubutunka dai har yanzu kamar kaza ta bi ta kan tawada." Na ce ya gaya wa mai sassaƙar ya zurfafa baƙaƙen, in na ga aikin ha'inci zan sa a sake.

Da na juyo, farantin ba ya kan kanta. Yana wurin shanya, a wanke, a kife, ruwa na ɗiga. Kujerar an tura ta ƙarƙashin kanta, daidai da sauran, yadda take yi in ta gama.

Mun kai ta. Mun dawo. Gidan shiru, irin shirun gida kawai.

Chizuru, zan bar littafin nan a kan kanta tare da alƙalaminki. Karanta shafin farko in kina so, duk abin da na lissafa a can akwai hannun uwarki a ciki, har kantar ma ita ta riƙe mini katakon. Abu ɗaya ne na yi ni kaɗai, ba wanda ya taimake ni, yana shafin jiya. Allon bakin layi nata ne. Amma maganar nan, ki gama tukuna, ba na son a ce ciwo ne, ko kwana ne ya ƙare, ko ba a san yadda aka yi ba. An sani. Ki faɗa wa malamin, ki faɗa wa Motohashi, in 'ya'yanki sun girma ki faɗa musu. Tana da mai ita, kuma a rubuta sunansa a ƙarƙashinta, cikakke, kada a rage ko baƙi ɗaya.

Narasaki Genzo.